Gyaɗar Kakana da Yaƙin Iraƙi

Ba ni na zaɓi maudu'in ba, ɗora mini shi aka yi. Farkon 2021, da muka gama zangon darussa na digiri na biyu a kimiyyar siyasa, na shiga ofishin malamin da aka ba ni ya duba aikina, riƙe da shafi uku da na kwana ina gyarawa a kan yadda manyan ƙasashe ke tatsar Afirka. Ya karanta sakin layi biyu, ya ajiye, ya cire tabarau.

"Wannan ai ka san amsarsa tun kafin ka shigo. To me za ka bincika?"

Na ce, "Allah ya gafarta Malam, hujjoji zan tattara."

"Hujjar abin da ka riga ka yi imani da shi? Wannan wa'azi ne. Je ka karanta mutanen da ba ka ƙauna."

Ya yago takarda ya rubuta mini sunaye biyar: Mises, Hayek, Rothbard, Higgs, Ron Paul. Abin da ya ɗaure mini kai, Malam tsohon ɗan gurguzu ne, cikin waɗanda suka yi tashe a jami'o'inmu a shekarun 1980, har gobe in ya ambaci Bankin Duniya sai ya ja tsaki. Shi ne ya tura ni wurin 'yan libatariyan.

Aƙida ce da ta fi ƙarfi a Amurka. A ganinsu aikin gwamnati bai wuce ta tsare ran mutum da dukiyarsa, ta raba gardama a kotu, ta kare iyaka ba. Kada ta ƙayyade farashi, kada ta tallafi kamfani, kada ta buga kuɗi yadda ta ga dama, kuma kada ta tura soja ƙasar wani. A ajinmu 'yan a-sakar-wa-kasuwa-mara muke ce musu, kuma ba da sigar yabo ba.

Ta kan Ron Paul na fara, don shi ne mai bidiyo a YouTube. Likitan mata ne daga Texas, ya daɗe a majalisar wakilai, har ana masa laƙabi da likitan "a'a" saboda yawan ƙin amincewa da ƙudurori. A Oktoban 2002 yana cikin 'yan Republican shida kacal a majalisar da suka ƙi ba Shugaba Bush izinin yaƙar Iraƙi. Bidiyon da na fi maimaitawa shi ne na muhawarar 15 ga Mayu 2007 a jihar Karolina ta Kudu, inda ya ce masu kai wa Amurka hari suna yi ne saboda Amurka ta je ta tare a ƙasashensu, ta shafe shekara goma tana ruwan bama-bamai a Iraƙi. Rudy Giuliani, wanda shi ne magajin garin New York ranar harin 11 ga Satumba, ya harzuƙa ya nemi ya janye maganar, zauren ya ɗauki tafi. Dattijon bai janye ba. Ya koma 1953, lokacin da hukumar leƙen asirin Amurka da ta Birtaniya suka kifar da Firaminista Mossadegh a Iran suka ƙarfafa sarki, ya ce abin da ya biyo baya a 1979, wato juyin juya hali da garkuwa da Amurkawa, 'ya'yan wancan shuka ne. Kalmar da ya yi amfani da ita, wato "blowback", ta ma'aikatan leƙen asirin ce da kansu, kuma Bahaushe ya riga su: ƙaiƙayi koma kan masheƙiya.

Wannan ya yi mini daɗi ƙwarai. Sai na buɗe Mises da Hayek, na tarar ana sukar tallafi, ana sukar ƙayyade farashi, ana sukar mafi ƙarancin albashi, raina ya ɓaci. Na yanke shawarar raba aikin gida biyu: babi ɗaya kan inda suka yi gaskiya, wato yaƙi, babi ɗaya kan inda suka ɓata, wato tattalin arziki. Haka na gabatar a taron ƙara wa juna sani na sashenmu, ranar da aka ɗauke wuta muka yi zaman da tagogi a buɗe, kowa na fifita da takardata. Na gama, ina jiran yabo. Malam bai ko ɗago kai ba.

"Ka yanka saniya gida biyu kana tambayar me ya sa ba ta tafiya. Su a wurinsu magana ɗaya ce. Sai ka gano me ya haɗa su sannan ka dawo."

Wata uku na yi ina jin haushinsa. Abin da ya fara warware mini ƙullin wata rana ce a kalanda. Daren Lahadi 15 ga Agusta 1971 Shugaba Nixon ya fito a talabijin ya ce Amurka ta daina ba ƙasashen waje zinare a madadin dalarsu, bayan shekaru ana canjin dala 35 kan kowane oza. A jawabin nan kuma ya hana ƙarin farashin kaya da na albashi har kwana 90. Me ya kai shi? Gwamnati ta kashe kuɗi a yaƙin Biyetnam da shirye-shiryen cikin gida fiye da abin da take tarawa, daloli sun cika duniya, zinaren da ke ajiye bai kai ya biya su ba. Yaƙi ya jawo hauhawar farashi, hauhawar ta jawo dokar farashi. Ron Paul ya sha faɗa cewa wannan daren ne ya tura shi siyasa, kuma a Disambar shekarar aka kafa jam'iyyar Libatariyan a Colorado. Ina cikin karanta wannan, shekara hamsin cif, 15 ga Agusta 2021, Taliban suka shiga Kabul. Na zauna da waya a hannu ina kallon mutane na bin jirgi a guje a filin jirgin sama, littafin a buɗe a cinyata.

Robert Higgs ne ya fayyace abin a littafinsa na 1987. Hujjarsa ita ce gwamnati ba a hankali take girma ba, tsalle take yi a lokacin tashin hankali, musamman yaƙi, kuma in ƙura ta lafa takan ɗan ja baya amma ba ta komawa inda take. Ni dai zargen igiya nake kwatanta shi da shi, kowane ja yana ƙara matsewa, sassautawa kuwa sai an sa hannu. Misalan sun ba ni mamaki don ba su yi kama da kayan yaƙi ba. Cire haraji daga albashi tun kafin ya shigo hannun ma'aikaci, a 1943 Amurka ta kafa shi don ciyar da yaƙin duniya na biyu, Birtaniya ta bi sahu a 1944. Cikin waɗanda suka tsara shi a baitulmalin Amurka har da matashi Milton Friedman, wanda daga baya ya zama limamin masu cewa a rage gwamnati, ya kuma yi ta cizon yatsa. Ƙayyade kuɗin haya a New York a lokacin yaƙin aka fara, ga shi har yau da saura. Ko yadda lafiyar Ba'amurke ta rataya a wuyan kamfanin da yake wa aiki, asalinsa dokar hana ƙarin albashi ce ta lokacin yaƙi: kamfanoni sun rasa yadda za su ja ma'aikata, sai suka shiga ba da inshorar lafiya.

Duk wannan a takarda yake, har sai da na je gida. Kakana na wajen uwa yana wani ƙauye a ƙasar Ɗambatta, ya haura tamanin da biyar, idonsa ya yi rauni amma bakinsa garau. Na same shi a zaure yana ɓarar gyaɗa a faifai, ya ce, "Abokina, har yanzu bokon bai ƙare ba? Me ake karantawa kuma?" Na rasa yadda zan fassara masa, sai na ce ina karanta mutanen da ke cewa gwamnati ta cire hannu daga ciniki.

Ya yi dariya har da tari. "Ashe akwai masu hankali a Turawa."

Ya ba ni labarin kakar gyaɗa a zamaninsu. A ɗora buhu a jaki, a kai wurin sikeli, a tarar da ejan mai lasisi da malaminsa riƙe da littafi. Farashi ba na ciniki ba ne, an riga an yanko shi daga sama tun kafin a cire gyaɗar, ba tayi ba albarka. Ka ƙi sayarwa, ga haraji da jangali na jira. Ya ce shi bai taɓa sanin nawa ake sayar da ita a ƙasar Turawa ba, amma ya san waɗanda suke yin gidajen bene ba su ne masu duƙawa a gona ba. "Dalar gyaɗar nan da kuke alfahari da ita a hoto, ƙugunmu ne a jibge."

Da na koma makaranta na bi diddigi. A 1942, bayan Japan ta ƙwace yankunan gabashin Asiya da Birtaniya ke samun man girki, aka kafa hukumar kula da amfanin gona ta Afirka ta Yamma, aka mayar da ita mai sayen gyaɗa da manja ita kaɗai don fitarwa waje. Matakin yaƙi ne. Yaƙi ya ƙare a 1945, hukumar ba ta ƙare ba. A 1949 ta haifi hukumar cinikin gyaɗa ta Najeriya, a 1954 aka mayar da hukumomin na jihohi, aka ce don a kare manomi daga hawa da saukar farashi. Masanin tattalin arziki Peter Bauer, wanda ya yi bincike kan cinikin Afirka ta Yamma a farkon shekarun 1950, ya nuna cewa a zahiri ana biyan manomi ƙasa da farashin duniya ana tara rarar, wato haraji ne da ba a kira shi haraji ba. Turawa suka tafi a 1960, namu suka gaji tsarin suka riƙe shi hannu bibbiyu. Sai 1986 aka rushe hukumomin. Dokar da aka kafa don a ci Hitler da Japan ta yi shekara 41 bayan yaƙin tana bin kakana gona.

Ba zan ce ita kaɗai ta kashe gyaɗa ba. Akwai farin farkon shekarun 1970, da cutar da ta cinye gonaki a 1975, da kuɗin fetur da ya sa aka juya wa noma baya. Kuma da rarar an yi hanyoyi da makarantu, wataƙila har da ajin da na zauna. Amma daga ranar na daina ganin Higgs a matsayin labarin Amurka.

Ƙulli na biyu na ilimi ne. Hayek ya rubuta a 1945 cewa sanin da ake bukata don tafiyar da tattalin arziki ba a tare yake a kai ɗaya ba, a warwatse yake wurin miliyoyin mutane, kowa da ɗan abin da ya sani na wurinsa da lokacinsa, farashi kuma shi ne ɗan aiken da ke kai labari tsakaninsu. Mai ɗaki shi ya san inda yake masa yoyo. In jami'in da ke babban birni bai isa ya san farashin da ya dace da buhun gero a ƙasarsa ba, ta yaya zai san yadda za a gina ƙasar da bai jin harshenta? Nan ne saniyar Malam ta haɗe. A Mayun 2003 Paul Bremer, wanda Amurka ta naɗa ya mulki Iraƙi, ya sa hannu a takarda biyu: ɗaya ta kori manyan 'yan jam'iyyar Ba'ath daga aikin gwamnati, ɗaya ta rushe sojan ƙasar, mutum wajen dubu 400, da yawansu suka tafi gida da makamansu babu albashi. Kowa ya san abin da ya biyo baya. Abin dariyar, in akwai dariya a ciki, Bremer ɗin nan ya kafa dokar da ta rage haraji zuwa kashi 15 cikin ɗari, ya buɗe ƙofa ga 'yan kasuwar waje su mallaki kamfanoni. Wato kasuwa mai 'yanci, amma da bakin bindiga. 'Yan libatariyan na gaske sun ce wannan tsarin gurguzu ne ya sa kwat da taye. Afganistan kuwa, shekara ashirin, sama da dala tiriliyan biyu a ƙiyasin masu bincike na jami'ar Brown, rundunar da aka gina ta watse cikin kwanaki.

Sai tambayar wa ke ci. Wannan ba su suka fara ta ba. Shugaba Eisenhower, janar ne sukutum, a jawabinsa na bankwana a Janairun 1961 ya gargaɗi Amurkawa kan ƙawancen soja da masana'antun makamai. Abin da 'yan libatariyan suka ƙara shi ne cewa cutar ɗaya ce ko'ina: riba ta taru a hannun mutane kaɗan masu baki a majalisa, asara ta warwatsu kan miliyoyi ta yadda ba wanda zai ji zafin da zai sa ya tashi. Jirgin yaƙin F-35 an rarraba ƙera sassansa a jihohi sama da arba'in, to wane sanata ne zai ce a soke? Manoman auduga na Amurka ba su da yawa, amma tallafinsu ya karya farashin duniya har Chadi da Mali da Benin da Burkina Faso suka kai kuka taron cinikin duniya na Cancun a 2003. A Oktoban 2008 aka ware dala biliyan 700 don ceto bankunan da suka yi caca suka faɗi, Ron Paul ya ce a'a kamar yadda ya ce a kan Iraƙi. Kura da shan bugu, gardi da kwasar kuɗi.

Kusa da mu ma an gani. Da aka kashe sojojin Amurka huɗu tare da na Nijar a Tongo Tongo ranar 4 ga Oktoba 2017, Sanata Lindsey Graham, ɗan kwamitin harkokin soja, ya fito ya ce bai san suna da sojoji masu yawa haka a Nijar ba. Sansanin jirage marasa matuƙa na Agadez ya ci sama da dala miliyan 100, a 2024 suka kwashe suka bar shi. Da yawa daga makaman da suka cika Sahel kuwa daga rumbunan Gaddafi suka kwararo bayan 2011.

Zuwa nan na kusa zama ɗan ɗariƙa. Na shiga kawo wa abokai hadisin Anas, lokacin da kaya suka yi tsada a Madina aka roƙi Manzon Allah, tsira da amincin Allah su tabbata a gare shi, ya yanke farashi, ya ƙi, ya ce Allah ne mai sa farashi. Na kawo Ibn Khaldun da ya ce sarki in ya shiga kasuwanci yana cutar talakawa yana kuma kashe harajinsa. Malam ya saurare ni, ya ce, "Yanzu kuma ka samu sabon wa'azi. Ka karanta abin da malaman fiƙihu suka ce in 'yan kasuwa suka haɗa baki suka ɓoye abinci?" Na karanta. Da yawansu sun halatta wa hukuma ta sa baki.

Yajin aikin malaman jami'a na 2022 ya ba ni wata takwas na tauna inda mutanen nan suka gaza gamsar da ni. Ruwanda ta farko. A 1994 an yanka mutum wajen dubu 800 cikin kwana ɗari, manyan ƙasashe suka naɗe hannu, daidai abin da aƙidar ke so. Ban samu amsar da ta kwantar mini da rai ba, sai dai a ce wanda ya ji tausayi ya je da kuɗinsa da ransa. Na biyu, Ron Paul ya soki sashen dokar 'yancin baƙaƙen fata ta 1964 da ya hana mai shago ƙin sayar wa mutum saboda launinsa, wai shago dukiyar mai shi ce. Ga kuma wasu mujallu da suka riƙa fita da sunansa ɗauke da kalaman wariyar launi, ya ce ba shi ya rubuta ba. Ni baƙin mutum ne, ba zan karanta wannan in wuce kamar ban gani ba.

Na uku ya fi kusa. Mutanen nan sun yi tunaninsu ne a ƙasar da gwamnati ta yi ƙiba. Manomin Zamfara da ke biyan 'yan bindiga kafin ya girbe gonarsa ba yawan gwamnati ne ya dame shi ba. Tamu tana da dogon hannu a inda ba a neman ta, a bakin iyaka da shingen hanya da wurin rabon lasisi, a inda ake neman ta kuma sai a nemi hannun a rasa. An rufe iyakoki daga Agustan 2019 zuwa Disambar 2020 don a kare shinkafar gida, shinkafa ta yi tsada, fasa-ƙwauri bai tsaya ba, wannan Hayek zai ce na faɗa muku. Amma ranar 29 ga Mayu 2023 da aka ce tallafin fetur ya tafi, lita ta tashi daga ƙasa da naira 200 zuwa sama da 500 cikin kwanaki, a takarda ina da duk hujjar da ke cewa daidai ne: tallafin ya fi amfanar masu motoci da masu tsallakar da mai maƙwabta. Sai ƙanwata mai koyarwa a firamare ta koma tafiyar ƙafa zuwa makaranta, kuɗin adaidaita ya fi ƙarfin albashinta. Littattafan sun yi bayanin yadda zargen ke matsewa dalla-dalla. Yadda za a kwance shi ba a shaƙe wanda ke ciki ba, nan suka yi gajeren bayani. Kuma gwamnatin da ta janye tallafin ba ta rage ko sisi daga nata kashe-kashen ba, abin da ko Rothbard ba zai kira 'yanci ba.

Haka na rubuta babi na ƙarshe, ba limami ba mamu. Ranar kare aikin, malamin da aka gayyato daga wata jami'a ya tambaye ni, "To kai yanzu ɗan libatariyan ne ko kuwa?" Na ce, "Ranka ya daɗe, tambayoyinsu na ɗauka: wa ya sani, wa zai biya in an yi kuskure, yaushe dokar za ta ƙare. Amsoshin kuwa ban kwashe duka ba." Malam yana gefe yana wasa da biro, bai ce uffan ba. Da muka fito ya miƙo mini wata takardar da sunaye huɗu, duk masu sukar Hayek.

Da babbar sallah na kai wa kakana kundin, an yi masa baƙin bango da rubutun ruwan zinare. Ya juya shi a hannu, ya auna nauyinsa kamar mai shirin ɗorawa a sikeli.

"Abokina, su waɗannan mutanen naka masu cewa gwamnati ta bar mutane, sun taɓa cin zaɓe a can?"

Na ce mafi yawan abin da ɗan takararsu na shugaban ƙasa ya taɓa samu shi ne kashi uku da ɗoriya cikin ɗari, a 2016.

Ya ce, "Uku?" Na ce uku.

Ya ajiye kundin a kan tabarma, ya jawo faifan gyaɗarsa ya ɗora a kai.